Ruwan Kan Yaya Habu

Tun da na dawo daga Kumasi ban huta ba. Duk wadda ta shigo yi mini sannu da zuwa, kafin ta gama zama sai ta ce, "To yaya Gana?" sai ka ce yawon buɗe ido na je. Wata ma har tambayata ta yi ko na zo da atamfa ta sayarwa. Na gaji da maimaita magana guda a tsakar gida, a Islamiyya, a gidan suna, shi ya sa na zauna na rubuta. Daga yau duk mai tambaya ga shi nan ta karanta, ta bar ni in ji da ciwon bayana.

Yayana ne ya kai ni, Malam Habu. Uwa ɗaya uba ɗaya muke, kuma mu biyu muka rage. Ya bar Zariya tun ina budurwa, ya bi wani malaminsa, ya yada zango a Kumasi, ya yi aure, ya zama limamin wani ƙaramin masallaci a unguwar Alabar. Mahaddaci ne tun yana saurayi. Matarsa Adiza, haifaffiyar can, ita ta kira ni ta ce ya faɗi a wurin alwala, hawan jini ya sa jini ya zuba a cikin kansa, an yi masa aiki an sa masa roba. Na ce roba a ina? Ta ce a ka. Na sa ta maimaita, don ni ban taɓa jin an sa wa mutum roba a ka ba.

Kafin in gama haɗa kaya dangi duk sun zama likitoci. Wannan ta kawo man shanu a shafa masa a kai, waccan ta kawo habbatus sauda, ɗan kawunmu ya aiko da galan guda na rubutu. Ni ma na ƙara da kuka da daddawa, don na san mutumin da ya daɗe a ƙasar wasu miyar gida yake kewa. Na tashi da kaya kamar mai ƙaura.

Daga Zariya zuwa Legas ba abin faɗa sai kumburin ƙafa. A Legas ne Allah ya haɗa ni da jarrabawata, wata Hajiya mai safarar takalma da aka ba mu kujera ɗaya a motar Gana. Na yi kuskure na gaya mata abin da zai kai ni. Ashe ta san mutane da yawa da aka taɓa musu kai a asibiti, kuma ko ɗaya bai tashi ba. Ta ba ni labarinsu ɗaya bayan ɗaya, da sunan unguwa da yawan 'ya'yan da kowa ya bari. Na rufe ido na yi kamar barci ya ɗauke ni, ta taɓo ni ta ce saura na mijin ƙanwarta.

Iyaka uku ake ƙetarewa, kuma a kowace sai an sauko da mutum da kayansa, ya taka da ƙafa, ya nuna fasfo da katin rigakafi, ya tsaya a rana. A ta ƙarshe, Aflao, wani jami'i ya kwance ƙullin daddawata, ya toshe hanci, ya kira abokin aikinsa shi ma ya zo ya toshe nasa. Da ya kai kan galan ya ga baƙin ruwa, ya tambaya mene ne. Hajiyar takalma ta yi masa bayani da Turancinta, ban san me ta ce ba, sai kawai ya ce in sha ya gani. Haka na ɗaga galan a gaban jama'a na kurɓi rubutun da aka yi wa Yaya. Da muka koma mota na tarar man shanun ya narke a but ɗin motar, ya bi zannuwana kaf. Har na bar Gana ƙudaje ba su daina yi mini rakiya ba.

A Ankara, babban birninsu, muka rabu da Hajiya, ta yi mini ta'aziyya tun kafin a yi rasuwa. Na shiga motar Kumasi, inda wani mutum ya tashi tsaye ya yi wa'azin coci, da ya gama ya buɗe jaka ya fara tallan maganin basir da murya ɗaya. Adiza ta tare ni a tashar Race Course, wurin da mutum ba ya jin maganar kansa don hayaniya. Ta rungume ni ta ce, "Hajiya, ka zo lafiya? Ka gaji paa." Na waiga in ga namijin da take wa magana. Haka Hausar Zango, unguwar baƙi Musulmi, take: mace da namiji duk ɗaya, "paa" ɗin nan wai sosai ke nan, kuma kafin mako na daina waigawa.

Gidansu irin na haya ne mai ɗakuna a zagaye, famfo ɗaya a tsakiya. Ba zaure, ba sallama a jira izini. Maza da mata, Dagomba da Zabarmawa da Mosi da Hausawa, kowa na wucewa ta gaban tukunyar kowa yana leƙawa. Wata tsohuwa ta ba ni gefen katifarta, Allah ya saka mata, amma rediyonta ba ya mutuwa. Da safe aka kawo mini wace, wato shinkafa da wake, an ɗora taliya da garin rogo da ƙwai da wani baƙin yaji a kai, duk a cikin ganye. Na tambaya ko abincin mutum nawa ne aka haɗa wuri ɗaya. Tuwonsu kuwa ba ya tsayawa a hannu, sai ka bi shi da sauri. Dokunu, wani tuwon masara mai tsami, na gwada sau ɗaya, tsaminsa ya hau mini kai, na ce a bar wa masu shi.

Sunan asibitin ba zan faɗa ba, don ba su yi mana komai ba sai alheri. Na shiga na ga Yaya a kwance, an aske rabin kansa, an rufe da bandeji. Daga ƙarƙashin bandejin wata siririyar roba ta fito, ta bi gefen gado ta shiga wata 'yar kwalba mai zane-zanen awo da aka ɗaure a jikin sandar ƙarin ruwa, a ƙasan kwalbar kuma leda. Wani ruwa ja-ja yana ɗiga a ciki a hankali. Na tsaya ina kallon kwalbar. Shi kuwa ya buɗe ido ya dube ni ya ce, "Ladidi, kin tsufa." Ba mai kirana da wannan suna yanzu sai shi. Ya tambayi gida, ya tambayi 'ya'yana da sunayensu, har ya tuna wanda ke fama da asma. Hankalinsa garau.

Ina zama na fiddo sauran man shanun da ya tsira, na nufi kansa. Wata nas, Ba'asantiya mai jiki, ta riƙe mini hannu kamar ta kama ɓarawo. Likitan da ke duba shi, wani saurayi ɗan arewacin Gana mai jin Hausa, shi ya zaunar da ni ya yi mini bayani. Ya ce a tsakiyar ƙwaƙwalwar kowa akwai wasu 'yan ɗakuna da ruwa ke taruwa yana wucewa. Jinin da ya zuba ya toshe hanyar, ruwan ya rasa mafita yana matse ƙwaƙwalwa, shi ya sa suka huda ƙashin kai suka zura roba har cikin ɗakin. Ya ce robar ita ke riƙe da ransa, kuma ita ce abin tsoro. Ƙofa ce a buɗe daga waje zuwa ƙwaƙwalwa, ƙwayar cuta na iya bi ta shiga. Gudan jini na iya toshe ta. Tana iya zamewa in an ja. Sannan tsayin kwalbar da kunnen Yaya aka auna shi: in ta yi ƙasa ruwa ya zube fiye da kima, in ta yi sama ya daina fita. Don haka ba a ɗaga gado, ba a tayar da shi zaune, ba a taɓa kwalba sai nas ta zo ta rufe robar tukuna. Ya ce in aka samu 'yan kwanaki ba matsala za su gwada rufe ta, in ya jure su cire, ya koma gida da hankalinsa. Na mayar da man shanuna jaka.

Daga ranar aikina ya zama gadi. Ina ganin mu Zazzagawa mun iya dubiya, ashe ban ga komai ba. A Zango in liman ya kwanta, unguwa ce take tasowa. Asibiti sun ce mutum biyu-biyu a lokacin ziyara, amma kowa yana da ɗan'uwa a bakin ƙofa, kowa kuma minti ɗaya kawai yake so. Ga masu kwanon abinci, ga masu turare, ga masu casbi. Wannan yana son ya yi tofi a kan bandeji, wancan yana son ya shafa kai ya shafa fuskarsa don albarka. Wani ya dubi gado ya ce bai fuskanci alƙibla ba, ya kama ƙafar gadon zai juya. Wata ta kawo sakwara da miya ta ce a tayar da Malam zaune ya sa wani abu a ciki, ai kwanciya ce ke ƙara ciwo. Na hana, na hana, har muryata ta dushe. Na sa kowa wanke hannu, har da waɗanda suka rantse da alwalarsu suka zo. Kafin kwana kaɗan suka sa mini suna Hajiya Boda, wai wucewa ta gabana ta fi ta Aflao wuya. Ko a jikina. Ruwan kwalbar yana ta washewa, Yaya yana karatunsa a hankali, likita yana murmushi.

Ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci manya suka zo. A gabansu Baba Ladan, tsohon da ya yi shekaru yana kiran salla a masallacin Yaya, aminin da ba ya cin abinci sai ya tambaya ko Malam ya ci. Ina ganin rawuna da manyan riguna Adiza ta ja mini zane. A can ma kamar nan ne, in dattawa suka shigo mata sukan ba da wuri. Na ce mata ta gaya musu dokar. Ta zare ido ta ce ita ba za ta iya gaya wa Baba Ladan abin da zai yi ba, shi ya yanka ragon sunanta. Na tsaya a bakin ƙofa na ce da su don Allah kada a taɓa komai. Suka ce, "Yoo, Hajiya, mun ji." Nas ɗin tana can ƙarshen ɗaki an kawo waɗanda suka yi hatsari. Muka fita muka zauna a benci, ina jiyo amin-amin ɗinsu, raina bai kwanta ba.

Da suka tafi muka koma muka tarar yana barci. Har muka ji daɗi, muka ce addu'a ta sa ya samu hutu. Ni kan bandeji na duba, na ga ba a taɓa ba, na duba gado na ga yana yadda yake. Can sai ya fara nishi yana kai hannu ga goshi. Na kira sunansa, ya buɗe ido da ƙyar ya mayar. Sai amai. Adiza ta ruga ta kira nas. Matar nan ko Yaya ba ta duba ba, sandar ta kalla, ta faɗi wata magana da yarensu wadda ban nemi a fassara mini ba. Sai a lokacin na ɗaga kai. Kwalbar da ledar duka suna can ƙololuwar sanda, an ɗaure su tsaf, an ma lulluɓe su da farin hankici.

Ta sauko da ita, ta auna da kunnensa, muka zuba ido. Ko ɗigo. Ruwan ya tsaya, jini ya daskare a cikin robar. Aka tura shi ɗaukar hoton kai, daga can aka wuce da shi tiyata, aka cire waccan aka huda ɗaya gefen aka sa sabuwa. Ban san na iya zagi ba sai ranar, kuma a zuci na yi shi, don ba wanda zan zaga a fili.

Washegari na hango Baba Ladan yana tahowa da sandarsa. Na tare shi tun a waje, na shirya maganganun da zan gaya masa tun daga farko har ƙarshe. Na tambaye shi ko shi ya taɓa kwalbar. Bai musa ba.

Ya ce, "Hajiya, na shigo na ga ruwan kan Malam yana rataye a ƙasa, kusa da ledar fitsari. Kan da ya ɗauki izu sittin. Ko allo ba mu bari a nan wurin. Idona bai iya gani ba, shi ne na ɗaga shi."

Abin da ya fi ba ni haushi shi ne na gane maganarsa sarai. Mu ma a gida ko takarda mai bismilla muka gani a ƙasa sai mun ɗauke mun sa a saman katanga. Da likita bai zaunar da ni ba, wataƙila da ni zan fara ɗaga ta. Duk da haka ban ƙyale shi ba. Na gaya masa girmamawarsa ta sa an sake huda kan amininsa. Tsohon nan ya zauna a kan dakali ya rufe fuska da hannun riga. Na tsaya a kansa ina huci, na rasa ko in ci gaba ko in ba shi haƙuri, sai na juya na bar shi a nan.

Bayan 'yan kwanaki zazzaɓi ya rufe Yaya. Wuyansa ya sanƙare, ruwan kwalbar da ya fara washewa ya koma gurɓatacce kamar ruwan wankin shinkafa. Ƙwayar cuta ta shiga. Na tsare likita na ce ya gaya mini gaskiya, aikin Baba Ladan ne ko? Ya ce ba zai iya rantsuwa ba. Ɗaga kwalbar ya cutar, sake sa roba kuma yana ƙara hatsari, amma ya ga robar da ba wanda ya taɓa ta toshe, ya ga wadda aka kiyaye iya kiyayewa cuta ta bi ta. Ni kuwa suna nake so ya ba ni, mutum guda da zan ɗora wa. Ya hana ni, kuma har yau ina jin haushinsa a kan haka.

Makonni muka yi ana ɗura masa magani ta jijiya. Na san trotro, ƙananan motocin hayarsu, har kwandastoci sun san inda nake sauka. Na san ranar Asabar Asantawa ke bikin mutuwa, su rufe titi da rumfuna, su sa baƙi da ja, ga kiɗa ga rawa ga hoton mamaci ƙato kamar na ɗan takara. Ranar Lahadi kuma Zango ke rufe nata titin da biki da suna. Wato a mako kwana biyu sai ka yi zagaye kafin ka kai ga marar lafiyarka. Wace kuwa, da na raina, na wayi gari ni ke aika a sayo.

Zazzaɓin ya sauka, amma hanyar ruwan ba ta sake buɗewa ba. Suka sa masa wata roba ta dindindin, a cikin jiki, daga kai ta bi bayan kunne ƙarƙashin fata har ciki. In ka shafa wuyansa za ka ji ta kamar jijiya. Likita ya ce ita ma tana iya toshewa ko ta kamu da cuta ko bayan shekaru, ya sa Adiza ta riƙe alamomin: ciwon kai, amai, yawan barci, zazzaɓi. In ta ga haka asibiti kai tsaye, ba jiran gari ya waye, ba jiran shawarar unguwa.

Aka sallame mu, Alabar ta cika da murna, aka yi ta sauke farantan abincin sadaka. Yaya yana tafiya da ƙafarsa, yana cin tuwo da miyar kukar da na sha wuya a kanta. Karatunsa ko wasali bai zame ba, in ka ja masa aya zai kai ta ƙarshen sura. A gida ne muka lura da abin da ya tafi. Ya shafa kansa ya tambaya wa ya yi masa wannan mummunan aski. Aka gaya masa. Kafin a kwashe kwanuka ya sake tambaya. Zai yi azahar, ya shafa addu'a, ya ɗan zauna, ya tashi ya ce bari ya yi azahar. Abin da ya sani da daɗewa yana nan daram, amma sabo ba ya zama. Limanci ya gagara, don yakan manta raka'ar da yake ciki. Likita ya ce wataƙila ya ɗan dawo, wataƙila a haka zai tsaya, kuma a wannan ma ya ƙi ce mini jinin farko ne ya jawo, ko toshewar, ko cutar.

Baba Ladan kullum yana ƙofar ɗakin tun safe, shi ke gaya masa wace salla aka yi, wace ta rage. Yaya bai san abin da ya faru ba, in ya gan shi sai fara'a da tsokana. Ni da tsohon muna gaisawa, iyakarta ke nan.

Da lokacin komawata ya yi, na zauna da Yaya da yamma na yi masa sallama ta sosai. Muka tuna iyayenmu, ya ba ni saƙon gaisuwa gida-gida, ya yafe mini na yafe masa, muka yi kuka mu biyu. Na san da wuya mu sake ganin juna, shi ma ya faɗa da bakinsa.

Da safe mai tasi ya zo yana ta danna oda a waje. Na yafa mayafi, na ɗauko jakata na fito tsakar gida. Yaya yana zaune a kan tabarma a ƙofar ɗakinsa. Ya ɗaga kai ya gan ni da jaka a hannu, fuskarsa ta washe gaba ɗaya.

"Ladidi, ke ce? Yaushe a gari? Adiza, ga ƙanwata ta zo daga Zariya, kawo mata ruwa."

Adiza ta tsaya da tsintsiya a hannu tana kallona. Na ajiye jakar, na durƙusa na gaishe shi. Ya tambayi hanya, na ce lafiya lau. Ya tambayi mutanen gida, na ce suna gaishe shi. Aka kawo ruwan na shanye. Mai tasi ya sake danna oda, na ce masa bari in je in ɗauko sauran kayana a mota.

Ya ce, "Yi maza ki dawo, akwai hira."

Na ce to. Adiza ta faki idonsa ta biyo ni da jakar.